Kafelin: kifin da ke fitowa bakin teku ya zuba ƙwai ya mutu

Tambaya: Ana nuna hotunan wasu ƙananan kifaye masu ƙyalli sun cika bakin teku a gabashin Kanada, igiyar ruwa na watso su kan tsakuwa, mutane na kwasa da bokiti, wasu kuma ga su nan jibge a mace. Wane irin kifi ne wannan? Guba ce ke kashe su ko sanyi? Kuma me ya sa ake cewa wata shekara ya cika teku, wata shekara a neme shi a rasa?

Amsa: Malam mai tambaya, kifin da ka gani sunansa kafelin, masana kuma suna kiransa Mallotus villosus. Ba guba ba ce, ba kuma sanyi ba. Zuwan da ya yi bakin ruwa zuwan haihuwa ne, kuma ga mafi yawansu, musamman mazan, wannan ita ce tafiyar ƙarshe. Amsar tambayarka ta uku ma a nan take, domin kifin da ke haihuwa sau ɗaya ya mutu ba shi da tsofaffin da za su riƙe zuri'a idan shekara ta ɓaci. Amma bari mu fara da kifin kansa.

Siriri ne, tsawonsa yawanci santimita 13 zuwa 20, nauyinsa bai cika wuce giram 50 ba. Bayansa kore ne mai duhu, gefensa da cikinsa farare masu ƙyalli kamar azurfa, haɓarsa ta ƙasa ta ɗan zarce ta sama. Idan ka riƙe ɗanyensa a hannu, abin da zai fara ba ka mamaki shi ne ƙanshinsa: ba ƙarnin kifi za ka ji ba, ƙanshin kokwamba da aka yanka yanzu za ka ji. Wannan gado ne na danginsa, Osmeridae. Alama ta biyu tana bayansa, daf da wutsiya: wani ɗan fiffike na tsoka zalla wanda babu ƙaya a cikinsa. Kifin herin, wanda ake yawan rikita su, ba shi da wannan. Wanda ke son tabbaci sai ya ƙirga ɓawon da ke jere a layin gefen jiki. Na kafelin ƙanana ne ƙwarai, daga 170 zuwa 220, alhali 'yan uwansa na kusa ba su kai rabin haka ba.

Sunan kuwa daga namijin ya samo asali. Idan lokacin haihuwa ya ƙarato, ɓawon da ke layin gefensa yakan yi tsawo ya tashi ya zama tudu biyu-biyu a kowane gefe, idan ka shafa sai ka ji kamar gashi. Kalmar villosus a Latin mai gashi take nufi, haka ma sunansa a Norwe, lodde, da sunansa a Aisland, loðna. Fiffiken ƙarƙashin wutsiyarsa ma yakan girma ya yi ƙarfi. Macen ba ta da ko ɗaya cikin waɗannan, ta fi ƙanƙanta, cikinta ne kawai ke kumbura da ƙwai. A lokacin ko yaro zai iya raba mace da namiji da ido. A sauran watanni kuwa sai an tsaga ciki.

Mazauninsa ya zagaye saman duniya: tekun Barents da ke arewacin Norwe da Rasha, kewayen Aisland da Girinland, gaɓar Labrador da Newfoundland da mashigin Saint Lawrence a gabashin Kanada, sannan arewacin Pasifik daga Alaska zuwa Japan. A Girinland ana ce masa ammassat, har yankin Ammassalik da ke gabashin ƙasar daga sunansa ya samu suna. Ya fi son ruwan da bai wuce digiri 6 a ma'aunin Selsiyos ba, kuma ana samunsa har a ruwan da ya sauka ƙasa da sifiri.

A nan akwai abin lura. Ruwan teku, saboda gishirinsa, ba ya daskarewa sai wajen digiri 1.8 ƙasa da sifiri, jinin kifi kuwa yana daskarewa kafin a kai can. Wasu kifayen yankin, irin su ƙaramin kod na Aktik, suna da wani sinadari a jini da ke hana ƙanƙara kama jikinsu, shi ya sa suke iya zama a ƙarƙashin ƙanƙara kanta. Kafelin ba shi da wannan kariya yadda ya kamata. Jininsa na iya ci gaba da kasancewa ruwa ƙasa da ma'aunin daskarewarsa muddin bai taɓa ƙwayar ƙanƙara ba, amma da zarar ya taɓa, sai daskarewar ta bi jikinsa nan take. Don haka dabararsa ita ce kaucewa: ya sauka ƙasa inda babu ɓarɓashin ƙanƙara, ko ya tsaya a gefen ƙanƙara bai kutsa ba. An taɓa samun mutuwarsa da yawa a hunturu mai tsanani a Newfoundland, amma wannan daban ne da abin da ake gani a watan Yuni da Yuli.

Abincinsa ƙananan halittu ne masu yawo a ruwa. Babba a cikinsu ita ce Calanus, wadda ba ta kai ƙwayar shinkafa ba amma jikinta cike yake da jan mai. Idan kifin ya girma sai ya ƙara da kiril, masu kama da ƙananan jatan lande. A tekun Barents, da ƙanƙara ta fara ja da baya, ganyayyakin ruwa da ido ba ya gani sukan tsiro a gefenta, Calanus su taru a kansu, kafelin kuma ya bi su arewa mako bayan mako, har zuwa Satumba da Oktoba ya kai gabashin tsibiran Svalbard. Cin da yake yi a waɗannan 'yan watanni shi ne guzurin shekara. A ƙarshen kaka kitse na iya kai kashi 15 zuwa 20 cikin ɗari na nauyinsa. Daga nan sai ya juyo kudu ya yi hunturu yana cin kaɗan, kitsen nan na narkewa, wani ya tafi ga tafiya, wani ya koma ƙwai da maniyyi. Kafin ya isa wurin haihuwa saura 'yan kashi kaɗan.

Wannan ne aikinsa a teku, kuma shi ne dalilin da masana ke damuwa da shi fiye da girmansa. Kod, babban kifin da ke farautar ƙananan kifaye, ba ya iya tsintar Calanus ɗaya-ɗaya ya ƙoshi, haka ma sil, wata dabbar teku mai shayarwa, da tsuntsayen teku. Kafelin ne ke zuwa can gefen ƙanƙara ya tattara man, ya ɗauko shi a jikinsa ya kawo kudu har bakin gaɓa inda masu jira suke. A shekarar da ya yi yawa, kod na Barents kaɗai na cinye fiye da tan miliyan ɗaya nasa, wasu shekarun ninkin haka.

Haihuwa iri biyu ce, kuma bambancinsu na da muhimmanci. Ta farko ita ce ta ƙasan teku. Kafelin na Barents kan iso gaɓar Finnmark da Troms a Norwe da gaɓar Kola a Rasha cikin Maris da Afrilu, ya zuba ƙwai a kan tsakuwa da yashi mai kauri, yawanci a zurfin mita 20 zuwa 60, inda ruwa ke gudu sosai. Na Aisland kan zagayo ta gabas ya bi gaɓar kudu zuwa yamma cikin Fabrairu da Maris. Waɗannan ba wanda ke ganin haihuwarsu sai mai nutso ko kyamara. Ta biyu ita ce wadda ka gani, ta bakin gaɓa, kuma Newfoundland ce ta yi suna da ita, ko da yake ana yin ta a Girinland da Alaska da wani mashigin ruwa da ake kira Balsfjord kusa da Tromsø.

Ga yadda take gudana. Maza ne ke fara isowa, su yi dafifi daf da inda igiyar ruwa ke fashewa, ruwan ya yi duhu da su. Mata suna can baya a ruwa mai ɗan zurfi, suna shigowa rukuni-rukuni idan ƙwansu ya nuna. Mace na shigowa sai namiji ɗaya ya manne mata, sau da yawa kuma biyu, ɗaya dama ɗaya hagu, ita a tsakiya. Tudun gashin nan na gefensu shi ke riƙe ta kada ta zame. Su ukun sai su hau igiyar ruwa ta kai su iyakar inda za ta kai, su yi ta karkaɗa jiki da ƙarfi suna tonon tsakuwa da fiffike da wutsiya, ita tana sakin ƙwai su suna sakin maniyyi. Duka abin daƙiƙoƙi kaɗan ne. Igiya ta gaba ta zo ta kwashe su, idan an yi sa'a. Wanda igiyar ta ajiye da nisa, ta bayanta kuma ba ta kai wurin ba, nan zai ƙare.

Macen takan zubar da ƙwanta ta koma teku. Namijin kuwa ba ya tafiya. Yakan koma layi ya sake shigowa da wata, ya sake, kwana da kwanaki, ba ya cin komai, tsakuwa na goge masa ciki tana yayyaga fiffikensa. Shi ya sa idan ka duba gawarwakin da ke jibge za ka tarar galibinsu maza ne. Wannan ma ita ce hanyar gane mutuwar haihuwa daga mutuwar guba ko ƙarancin iskar shaƙa a ruwa. A mutuwar haihuwa kifi iri ɗaya ne kawai, masu tudun gashi, cikinsu a goge, hanjinsu fayau, kuma idan ka damƙi tsakuwar wurin za ka ga ƙwai manne da ita. Idan kuwa ka ga kifaye iri-iri da ƙaguwa da sauran halittu duk sun mutu tare, manya da ƙanana, to wannan wata matsala ce daban, sai a auna ruwan.

Daga cikin matan da ke haihuwa a bakin gaɓa, wasu kan rayu su sake haihuwa a shekara mai zuwa. Masu haihuwa a ƙasan tekun Barents kuwa, waɗanda suka yi tafiyar ɗaruruwan kilomita kod na bin su, kusan dukkansu maza da mata sukan mutu. Kafelin da ya wuce shekara 5 abu ne mai wuyar gani.

Ba kowace gaɓa ce ke karɓarsu ba. Suna son tsakuwa ƙanana, daga kimanin rabin santimita zuwa santimita 2 da rabi. Yashi mai laushi ba ya barin ruwa da iska su ratsa, manyan duwatsu kuma ba sa tonuwa. Suna son zafin ruwa tsakanin digiri 6 da 10, kuma sun fi fitowa da dare ko ranar da gari ya lumshe. Mutanen Newfoundland har suna da abin da suke kira yanayin kafelin, wato hazo da yayyafi da iska mai sanyi daga teku. Idan ruwan gaɓa ya yi ɗumi da yawa, sai kifin ya fasa fitowa ya koma haihuwa a ƙasan ruwa nesa da gaɓa kaɗan. Saboda haka rashin ganinsu a wata gaɓa a wata shekara ba hujja ba ce cewa sun ƙare.

Ƙwan kansa kimanin milimita ɗaya ne. Mace guda na ɗauke da 6,000 zuwa 30,000 gwargwadon girmanta, manyan matan Newfoundland ma fiye da haka. Da ya taɓa ruwa sai ya yi danƙo ya manne wa tsakuwa, igiyar ruwa kuma ta yi ta juya tsakuwar har ƙwai su nutse zuwa zurfin santimita 15 ko fiye. A gaɓar da aka yi haihuwa sosai, mai tafiya zai ji ƙasa na lotsawa ƙarƙashin ƙafarsa kamar katifa, saboda yawan ƙwan. Tsawon kwanakin ƙyanƙyasa zafi ne ke yanke shi: kimanin kwana 15 a digiri 10, kwana 30 a digiri 5, kusan kwana 55 a sifiri. Ƙwan yana da juriya fiye da iyayensa. Yana jure ruwa mai gishiri da mai ƙarancin gishiri, kuma gwajin da aka yi da na Balsfjord ya nuna yana iya rayuwa har wajen digiri 5 ƙasa da sifiri. Abin da ba ya jurewa shi ne zafi da bushewa. Ƙwan da ya faɗa can saman gaɓa, inda ruwa ba ya kaiwa sai teku ta cika, rana na gasa shi, da yawa ya lalace ko ya fito da naƙasa. Na ƙasan teku ya tsira daga rana amma yana daɗewa, kuma kifayen da ke kiwo a ƙasa da agwagin teku masu nutso na ta cinsa.

To, an ƙyanƙyashe, amma tsugune ba ta ƙare ba, kuma a ganina nan ne labarin ya fi daɗi. Ɗan kifin da ya fito bai wuce 'yan milimita ba, siriri kamar zare, ana ganin ta cikinsa, ɗauke da ɗan ƙunshin gwaiduwa a ciki wanda zai riƙe shi 'yan kwanaki. Yana cikin tsakuwa, ba ya fita da kansa. Masu bincike biyu, Kenneth Frank da William Leggett, sun nuna a farkon shekarun 1980 cewa iska ce ke buɗe masa ƙofa. Idan iska ta kaɗo daga teku zuwa tudu, takan turo ruwan sama mai ɗumi zuwa gaɓa ta kuma tayar da igiyar da ke motsa tsakuwa. Wannan ruwan na ɗauke da ƙananan halittun da bakin ɗan kifi zai iya kamawa, masu cinsa kuma ba su da yawa a ciki. Nan take sai 'ya'yan su fito gaba ɗaya. Idan kuwa iska daga tudu take kaɗawa, takan kore ruwan sama, ruwan ƙasa mai sanyi ya taso da masu farautarsu a ciki, su kuma sai su lafe. Matsalar ita ce gwaiduwa ba ta jira. Idan aka yi kwanaki da yawa iskar teku ba ta zo ba, guzurin ya ƙare suna cikin tsakuwa, ranar da suka fito ba su da ƙarfin iyo balle farauta. Ke nan tazarar da ke tsakanin iskar teku ɗaya da ta gaba, a cikin 'yan makonni na Yuli, na iya shafar yawan kifin da za a gani bayan shekara 2 ko 3.

A Barents abin da ke jiran 'ya'yan daban ne. Ruwa kan kwashe su daga gaɓa zuwa arewa maso gabas, kuma sukan daɗe a siffar jarirai, fararen nan masu kama da gilashi, kusan shekara guda, sai sun kai wajen santimita 7 kafin su yi kamar iyayensu. A kudancin tekun nan ne kuma 'ya'yan herin na Norwe ke yin shekarunsu na farko. Idan herin ya yi haihuwa mai albarka, matasansa sukan cika daidai hanyar da jariran kafelin ke bi, su yi ta cin su. Masanin Norwe Johannes Hamre ne ya yi fice da wannan bayani, kuma tarihin tekun ya goyi bayansa sosai, ko da yake akwai shekarun da herin ya yi yawa amma kafelin ya tsira saboda ba su haɗu a wuri ɗaya ba.

Tarihin shi ne wannan. A shekarun 1970 kafelin na Barents ya kai tan miliyan da dama, kuma a 1977 jiragen Norwe da Tarayyar Sobiyat sun kama kusan tan miliyan 3. A 1983 herin ya yi haihuwa mai yawa. Daga 1984 jariran kafelin suka daina tsira, kod na cin manyan, jirage kuma ba su daina kamu da wuri ba. Kafin 1986 kifin ya kusan ɓacewa, aka rufe kamunsa daga 1987 zuwa 1990. Abin da ya biyo baya ya nuna nauyin da yake ɗauke da shi: kod ya rame ya koma cin 'ya'yansa, tsuntsayen gilimot masu nutso suka mutu da yawa a hunturun 1986 zuwa 1987 har wasu mazaunansu suka rasa mafi yawan tsuntsayensu, dabbobin sil kuma yunwa ta koro su gaɓar Norwe inda dubun-dubatarsu suka maƙale a tarun masunta suka mutu. Sai kuma kifin ya dawo cikin 'yan shekaru kamar ba a yi ba. Ya sake faɗuwa daga 1993 zuwa 1997, ya tashi, ya sake faɗuwa daga 2003 zuwa 2006. Faɗuwa ta biyu da ta uku ba su yi ɓarna kamar ta farko ba, domin a lokacin masu cinsa sun sami wasu kifayen da za su koma wa.

Lissafin mai sauƙi ne. Kod na iya rayuwa shekara 15 ko 20 yana haihuwa duk shekara, don haka ko an yi shekara 3 'ya'yansa ba su tsira ba, iyaye na nan. Kafelin kuwa a kowane lokaci zuri'ar shekara 3 ko 4 ce kawai ke cikin teku, kuma wadda ta haihu ta tafi. Shekara biyu a jere ba tare da 'ya'ya ba, rumbu ya zama wayam. Abin da ke dawo da shi da sauri shi ne yawan ƙwai da kuma wata dabara ta girma. Balagarsa ta fi bin tsawo fiye da shekaru: a Barents wanda ya wuce santimita 14 a kaka ana lissafa shi cikin masu haihuwa a bazara mai zuwa. Idan kifin ya yi yawa, abinci ba ya isa, girma ya yi jinkiri, sai ya kai shekara 4 kafin ya balaga. Idan ya ragu, kowa ya ƙoshi, a shekara 2 ko 3 ya kai.

Newfoundland ce ta karya wannan ƙa'ida, kuma har yanzu ana muhawara a kanta. A 1990 awon da ake yi a teku ya nuna tan miliyan da dama. A 1991, shekarar da ruwan yankin ya yi sanyin da aka daɗe ba a gani ba, awon ya faɗi zuwa ɗan abin da bai taka kara ya karya ba, kuma fiye da shekara 30 ke nan bai koma yadda yake ba. Kifin ya ƙanƙance, ya koma balaga yana shekara 2, zuwansa gaɓa ya yi jinkiri da makonni, daga Yuni ya koma Yuli har Agusta, a teku kuma ya koma zama kusa da ƙasa. A daidai lokacin aka fara ganinsa a wuraren da ba a saba ba, kamar Flemish Cap, wani tudun ƙarƙashin teku a gabas da Newfoundland, da gabashin Nova Scotia a kudu. Wasu masana sun ce bai ƙare ba, wuri ya sauya inda jirgin awo ba ya zuwa, amma mafi yawan hujjoji, har da abin da ake samu a cikin kod da abin da tsuntsaye ke kawo wa 'ya'yansu, sun fi nuna raguwa ta gaske. Jinkirin haihuwa kansa ciwo ne, domin ɗan da ya fito a makare yana da gajeren lokacin ci kafin hunturu. A 1992 Kanada ta rufe kamun kod na arewa, kuma ƙarancin kafelin na cikin dalilan da ake bayarwa na jinkirin farfaɗowar kod ɗin. Sauya wuri kuwa halinsa ne a ko'ina. Canjin digiri ɗaya na iya matsar da shi ɗaruruwan kilomita, kamar yadda na Aisland ya koma kiwo kusa da gabashin Girinland tun farkon shekarun 2000.

Mai karatu zai ce, to ta yaya ake ƙirga kifin da ke cikin teku? Da sauti ake yi. Tun farkon shekarun 1970 jiragen binciken Norwe da Rasha ke ratsa Barents kowace kaka a kan layuka da aka tsara, suna aika sauti ƙasa, suna auna amsa-kuwwar da ke dawowa. Mafi yawan amsar daga jakar iskar da ke cikin kifin take fitowa. Na'urar ba ta faɗin sunan kifi, don haka idan an ga gungu sai a saka taru a ɗebo samfuri, a tantance iri, a auna tsawo da nauyi, a ciro ɗan dutsen da ke cikin kunnensa a ƙirga zobban da ke jikinsa, kowane zobe shekara guda. Da wannan ake mayar da ƙarfin sauti zuwa adadin kifi. Kuskure na shigowa ta ƙofofi sanannu: kifin da ke mitocin farko na saman ruwa na'urar ba ta ganinsa, wanda ya lafe a ƙasa yana haɗewa da amsar ƙasan, wanda ya shiga ƙarƙashin ƙanƙara jirgi ba ya kai masa, idan kuma ya cakuɗe da ƙaramin kod na Aktik raba su sai an yi hankali.

Daga awon kaka sai a yi hasashe zuwa lokacin haihuwa, a cire abin da kod zai ci a watannin da ke tsakani. Ƙa'idar da Norwe da Rasha suka amince da ita ita ce a bar kamu sai in akwai tabbacin kashi 95 cikin ɗari cewa aƙalla tan 200,000 za su kai ga haihuwa. Abin da ya ragu a sama shi ne rabon masunta, idan babu saura babu kamu. Aisland ta daɗe tana aiki da ƙa'idar barin tan 400,000 kafin ta sauya tsari, kuma a 2019 da 2020 ba ta buɗe kamun ba sam. Tsarin na da kyau, amma yana da rauni ɗaya da ba a cika faɗa ba: kamun yana faɗawa ne kan kifin da ke ɗauke da ƙwai, kwanaki kaɗan kafin ya zuba. Masu kare kamun kan ce ai mutuwa zai yi ko an bar shi. Gaskiya ne, sai dai wanda aka bari yana mutuwa ne bayan ya haihu, gawarsa kuma abinci ce ga kod da halittun ƙasan teku.

Ƙwan ne ma kuɗin. A da yawancin kamun niƙa shi ake yi a fitar da garin kifi da mai, amma mafi tsada yanzu su ne mata masu ƙwai da ake daskarewa a kai Japan, inda ake gasa su a madadin wani kifinsu da ake kira shishamo, da kuma ƙwan zalla da ake kira masago. Wannan ciniki yana da tarko biyu. Na farko lokaci: ana auna nauyin ƙwai a kan nauyin mace kullum, idan an yi sauri ƙwan bai cika ba, idan an makara ta zubar, kuma tazarar 'yan makonni ce. Na biyu abin da ke cikin hanjinta. Kifin da aka kama cikinsa cike da jan Calanus ba ya ajiyuwa, domin ruwan narkar da abinci na ci gaba da aiki bayan ya mutu, cikin 'yan sa'o'i sai ciki ya yi laushi ya fashe, mai saye kuma ya ƙi kayan. Shi ya sa ake tsaga samfuri a duba hanji da yawan mata tun kifin yana cikin taru a ruwa, kafin a yanke shawarar ɗora shi a jirgi.